Python a Bauchi: Sauƙin Farawa da Kuɗin da Ake Biya Daga Baya

A Jami'ar Abubakar Tafawa Balewa da Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Tarayya da ke Bauchi, matashin da ya ƙudurta koyon rubuta manhaja yau galibi Python ko JavaScript yake fara kamawa. Shirin horar da ma'aikatan fasaha na 3MTT da gwamnatin tarayya ta ƙaddamar a 2023 ya ƙara tura jama'a wannan hanya, kuma dalilin a fili yake. A Java ko C, dole ka bayyana tun farko ko abin da za ka ajiye lamba ce ko rubutu. Python, wanda Guido van Rossum ya fitar a 1991, bai nemi haka ba, haka ma JavaScript. Nau'i, wato lamba ko rubutu, yana tattare da bayanin kansa, sunan da ka ba shi kuwa tamkar takarda ce da ake liƙa wa buhu: a cire ta daga na gero a manna wa na shinkafa, ba mai hanawa. Shi ya sa ɗalibi ke ganin aikinsa yana gudana tun ranar farko, kuma wannan ba ƙaramar riba ba ce.

Matsalar ita ce kuskure ba ya fitowa sai manhajar tana aiki. A ce an rubuta wa ɗan kasuwar Wunti manhajar lissafi da JavaScript. Abin da aka cike a fom rubutu ne, don haka "5000" a haɗa da 200 sai ya ba da 5000200, babu gargaɗi. Python dai zai tsaya ya yi ƙorafi, amma sai an iso wannan layin, wataƙila a gaban mai saye.

Bayanan Najeriya ma suna da nasu tarkon. Lambar waya tana farawa da sifili, haka wasu lambobin asusun banki masu lamba 10. Da zarar an karanta su a matsayin adadi, sifilin ya ɓace, lambar ta lalace.

Manyan kamfanoni sun daɗe da ɗanɗana wannan. Shi ya sa Microsoft ya fitar da TypeScript, wato JavaScript mai alamomin nau'i, a 2012, Python kuma ya karɓi alamomin nau'i a 2015. Masu koyarwa a harabobin jami'ar da ke Yelwa da Gubi na da damar saka waɗannan a darussan farko, kafin ɗalibansu su fara karɓar kwangilar manhajar da kuɗin mutane ke bi ta cikinta.