Ƙwan Ƙwarƙwata Da Masu Zuba Wa Yara Fiya-fiya A Ka

Ana gab da ƙaramar Sallah na shiga wani gida a cikin garin Rano, tun daga zaure wari ya tare ni. Wari ne da duk wanda ya tashi a gidan noma ya sani, irin na maganin da ake fesa wa wake. Na zaci buhunan hatsi ake gyarawa. Ina shiga tsakar gida sai ga yara mata biyu zaune a kan tabarma, an tsefe musu kai, an ɗaure da baƙar leda, an ɗora ɗankwali a sama. Ƙaramar, wadda ba za ta wuce shekara shida ba, idonta ya kaɗa ya yi ja, yawu na taruwar mata a baki, tana cewa jiri take ji. Uwar tana gefe tana tankaɗe, hankalinta kwance.

Na ce, "Yaya, me kika sa musu a ka?"

Ta ce, "Ɗan fiya-fiya ne na gauraya da man gyaɗa. Gobe za su kitso, mai kitson ta ce kada a sake kai mata su da ƙwai a ka. Ai kowa haka yake yi, zuwa la'asar sai a wanke."

Ba a jira la'asar ba. Aka kwance ledar, aka wanke kan da sabulu da ruwa mai yawa, aka sauya musu kaya, aka nufi asibiti. Allah ya taƙaita. Amma maganar da ta tsaya mini a rai ita ce "ai kowa haka yake yi", domin gaskiya ta faɗa. Daga Rano zuwa Rurum, daga Kibiya zuwa Tarai, da wuya ka shiga gidan da babu kwalbar maganin ƙwari a saƙo, tunda noma ne abin yinmu. Abin da ke kusa da hannu shi ake ɗauka. Wata fiya-fiya, wata kananzir, wata ragowar abin da maigida ya dawo da shi daga gona. Duk don me? Don ƙwaron da bai fi ƙwayar riɗi ba, wanda ba ya kisa, ba ya ma ɗaukar wata cuta daga wannan kai zuwa wancan. Garin neman gira a rasa ido ke nan.

Sinadarin da ke cikin maganin ƙwari na Sniper da yawancin abin da ake ƙullawa a sayar da sunan fiya-fiya sunansa dichlorvos, wanda ake rubutawa DDVP a jikin kwalba. Ba sai an sha shi yake illa ba. Yana ratsa fata ya shiga jini, tururinsa yana shiga ta numfashi. To ki dubi kan da ake magana: kan da yarinya ta yi makonni tana susa, duk ya yi ƙananan ƙuraje da tsaga, sannan a zuba guba a kai, a rufe da leda yadda ba zai sha iska ba, a zaunar da ita cikin zafin rana. Wace ƙofa ce kuma aka bari a rufe? A shekarar 2019 jaridun ƙasar nan sun kawo labarin wata mai yi wa ƙasa hidima a jihar Osun da ta rasu bayan ta sa Sniper a gashinta don ta kashe ƙwarƙwata. Babbar mace ke nan, mai ilimin jami'a. A shekarar ce hukumar NAFDAC ta hana sayar da Sniper da ire-irensa a kasuwanni da kantunan kayan masarufi daga ranar 1 ga Satumba. Doka ta yi nata, amma doka ba ta shiga tsakar gida. Uwa ce a can.

Kananzir ma ba sauƙi ba ne. Yana ƙona fata, ga shi kuma yarinyar da kanta ke jiƙe da shi a gidan da murhu ke ci take zirga-zirga.

Abin da ke jefa mata cikin wannan ganganci shi ne ƙwan. Ƙwarƙwatar da ke yawo kowa ya iya kama ta ya murƙushe. Ƙwan ne ke ba da haushi, a wanke kai a wanke, yana nan daram, bayan kwana goma kuma susa ta dawo, sai uwa ta ce maganin kemis ba shi da ƙarfi, bari a nemo mai ƙarfi. Da ta san yadda abin yake da ba ta yi wannan lissafin ba.

Macen ƙwarƙwata tana rayuwa kimanin kwana 30 a kan mutum, tana yin ƙwai kamar shida zuwa takwas a kowace rana. Ba zubar da shi take yi a fatar kai ba. Kowane ɗaya sai ta liƙa shi a jikin silin gashi da wani danƙo daga jikinta wanda ruwa da sabulu ba sa narkarwa, kuma kusa da tushen gashin take liƙawa domin ɗumin kai ne ke ƙyanƙyashe shi. Cikin kwana 7 zuwa 10 ya fashe, 'yar da ta fito ta yi kamar kwana 9 zuwa 12 ta girma, ita ma ta fara nata. Ke nan wadda ta kashe duk manyan yau ta bar ƙwai, aikin mako guda kawai ta yi. Kuma ko da ƙwai ya mutu, ko ya fashe, ɓawonsa ba ya faɗuwa, yana nan manne yana tafiya da gashin yayin da yake tsawo. Mata da yawa ɓawon da babu komai a cikinsa suke gani su sake zuba guba.

Gane shi ba wuya in an zauna a haske. A fito da yarinya tsakar gida da hantsi, a tsefe kan, a fara dubawa daga ƙeya da bayan kunnuwa, nan ya fi taruwa. Ƙwai mai rai ɗan mitsitsi ne, mai ɗan tsawo, launinsa ruwan ƙasa-ƙasa ko ruwan toka, yana manne a gefe guda na silin, bai kai faɗin yatsa daga fatar kai ba. In an matse shi tsakanin farce biyu yakan yi ɗan ƙara. Wanda ya fashe fari ne fes, ya fi saurin ganuwa a baƙin gashi, kuma yawanci ya yi nisa da tushe, tunda gashi yana ƙaruwa da kimanin santimita ɗaya a wata. Amosanin kai kuwa, wanda ake yawan rikita su, in kin hura shi ko kin kaɗe da yatsa zai tashi. Ƙwai ba ya tashi, sai kin kama shi da farce kin ja shi har ƙarshen gashin. Idan kuma gashin ne ke cinyewa yana barin fili mai fari-fari a kai, wannan makero ne, maganinsa daban, a kai yaro asibiti.

Kada a jira sai an ga susa. Wanda ƙwarƙwata ta fara kamawa yana iya yin wata guda ko fiye kafin ƙaiƙayi ya taso. Shi ya sa in an samu a kan mutum ɗaya a gida, sai a duba kowa a ranar, har uwar da ke dubawa, har kakar da yara ke kwana a ɗakinta.

Maganin da ba ya cutarwa sananne ne, wahalarsa ce ake gudu. A wanke kai, a shafe shi da mai sosai tun yana da danshi, man kwakwa ko man zaitun ko man gyaɗa zalla, ba wanda aka gauraya da fiya-fiya ba. Man yana hana ƙwarƙwata gudu, yana sa gashi santsi. A fara warware gashin da babban mataji, a raba shi kashi-kashi a ɗaure, sannan a bi kowane kashi da mataji mai ƙananan haƙora a matse, daga tushe har ƙarshe, ana goge matajin a farin ƙyalle don a ga abin da ya fito. Gashin 'ya'yanmu mai cika ne da murɗewa, ƙaramin mataji ba ya ratsa shi da daɗi, saboda haka a yi kashin ƙanana, inda mataji ya gaza a sa farce. Zaman awa guda ne ko fiye, yarinya za ta yi mita, a ba ta abin taɓawa ta riƙe. A maimaita bayan kowane kwana huɗu: ranar farko, ta 5, ta 9, ta 13, a sake dubawa a ta 17. Hikimar ita ce duk wadda ta ƙyanƙyashe a cire ta kafin ta isa yin ƙwai. Wadda ta yi sau ɗaya ta kai yarinya kitso washegari, ta kulle ƙwan ne a cikin kalaba ya yi makonni babu mai taɓa shi. A haƙura da kitso mai daɗewa har mako biyun nan su cika, a riƙa kama gashin gida biyu ko huɗu.

Yaro namiji kam aski ya raba gardama.

Wadda ke son magani ta je asibiti ko wurin mai harhaɗa magunguna na gaskiya ta nemi wanda aka yi domin kan mutum, kamar man permethrin mai kashi 1 cikin 100. Ana shafa shi a bar shi minti goma a wanke, a sake bayan kwana tara ko goma saboda ƙwan da ya tsira, kuma tajewar ba ta faɗi ba. A faɗa wa ma'aikacin shekarun yaron, in kuma mai ciki ce ko mai shayarwa ce za ta yi amfani da shi a faɗa. Kada a ƙara yawa ko a bar shi ya kwana don neman ƙarfi. Idan kan ya riga ya yi gyambo yana ruwa, ko kaluluwa ta fito a wuya, ƙwayar cuta ce ta shiga inda aka sosa, wannan aikin likita ne.

Sai batun kaya, inda nan ma ake wuce gona da iri, a feshe ɗaki da katifa da guba a rufe yara a ciki. Ƙwarƙwatar kai in ta bar jikin mutum ba ta wuce kwana ɗaya ko biyu ta mutu, domin jini take sha sau da yawa a yini. Ba ta da fiffike, ba ta tsalle, rarrafe take yi daga gashi zuwa gashi in kawuna sun haɗu. Ba daga kaji ko awaki take zuwa ba, nasu ƙwarin daban ne. Ya wadatar a wanke hijabi da ɗankwali da hula da rigar matashin da aka yi amfani da su a kwana biyun baya da ruwan zafi, a shanya a rana. Mataji da matsefi a jiƙa su a ruwan zafi minti goma.

A nan masu kitso suna da nasu laifin. Kin kori yarinya don kin ga ƙwai a kanta, daidai ne, amma matsefin da kika buɗe kan da shi kin mayar cikin gwangwani kin ɗauko wa ta gaba. Lokacin Sallah kai nawa ke bi ta cinyarki a yini? Kuma daga bakin masu kitso ne uwaye da yawa ke jin shawarar "ki ɗan ɗiga mata". Wadda ta san kai fiye da kowa a unguwa ita ya kamata ta nuna wa uwa bambancin ƙwai mai rai da ɓawo. Uwa kuma ta riƙa ba 'yarta matajinta daga gida. Haka malaman Islamiyya, inda yara ke zama kafaɗa da kafaɗa suna musayar hijabi: in an gani a kan yarinya a kira uwarta a gefe a faɗa mata, a kuma sanar da sauran iyaye su duba nasu. Tsayar da ita gaban aji ana kiran ta ƙazama shi ke sa uwa ta koma gida cikin kunya ta nemi abin da zai gama aikin a dare ɗaya. Ƙwarƙwata ba ruwanta da tsabta ko rashinta, tana kama 'yar mai kuɗi da ke wanka sau uku, kuma makarantun Ingila da Amurka har yau suna fama da ita.

Idan an riga an yi ɓarnar, ga alamun da ba a wasa da su: yawu mai yawa, gumi, hawaye, amai ko zawo, ciwon ciki, jiri, ƙwayar ido ta tsuke, numfashi ya yi wuya ko ƙirji na ƙara, jiki na karkarwa ko fizga. A cire ledar da kayan da maganin ya taɓa nan take, a wanke kai da jiki da sabulu da ruwa mai yawa, ana kare ido da baki, mai wankewar ta sa leda a hannunta. Kada a ɗura manja ko madara, kada a sa yatsa a maƙogwaro, yaron da ya galabaita yana iya shaƙewa. A tafi Babban Asibitin Rano ko asibiti mafi kusa ko da yaron ya ce ya ji sauƙi, a tafi da kwalbar, kuma a faɗi gaskiyar abin da aka sa da lokacin da aka sa. Akwai allurar atropine da ake karya wannan guba da ita, amma ma'aikaci ba zai yi saurin ɗauko ta ba in uwa ta tsaya tana cewa zazzaɓi ne kawai ya kama yarinya.