Shin Ko Kun San? Mutumin da Ya Firgita Duniya da Ƙofar Ɗakinsa

Shin ko kun san cewa ɗaya daga cikin finafinan ban tsoro da suka fi kawo riba a tarihi, a gidan mai shi aka ɗauke shi? Fim ɗin shi ne Paranormal Activity, mai shi kuwa Oren Peli, haifaffen Isra'ila da ya koma Amurka yana matashi. Bai yi karatun fim ba, sana'arsa rubuta manhajar wasannin kwamfuta. A 2006 ya kashe kusan dala 15,000, ya gama ɗauka cikin mako guda a gidansa na San Diego. Da fim ɗin ya shiga sinimomi a 2009, sai da ya tara kimanin dala miliyan 193.

Ko kun san salonsa? Ana nuna fim ne kamar faifan tsintuwa, wai waɗanda abin ya rutsa da su ne suka ɗauka da kansu. Peli ya kafe kyamara tana fuskantar gado, agogo na tafiya a gefen allo, jaruman fim ɗin, Katie da Micah, suna sharar barci. Shiru, shiru. Can sai ƙofa ta ɗan motsa da kanta. Wani dare aka barbaɗa hoda a ƙasa, sai ga sawun da ba na ɗan Adam ba. Abin da ke yawo a gidan kuwa ba a nuna fuskarsa ba. Wanda ya taɓa kwana shi kaɗai iska na kaɗa ƙyauren langa-langa ya san inda tsoron yake. Da masu finafinan aljanu na Kannywood za su rage jan ido da dariyar ƙeta, su bar mai kallo ya ƙarasa da zuciyarsa, da sun fi razana mu.

'Yan wasan biyu da sunayensu na gaskiya suka fito, kuma ba a rubuta musu kalaman da za su faɗa ba.

Ko kun san a wani nunin gwaji mutane sun yi ta ficewa, har manyan kamfanin da zai fitar da fim ɗin suka ɗauka bai karɓu ba? Ashe tsoro ne ya kore su.

Ba Peli ne ya fara salon faifan tsintuwa ba. The Blair Witch Project na 1999 ya riga shi, har aka riƙa tallar 'yan wasansa a matsayin waɗanda suka ɓata. Tun kafin nan ma, Ruggero Deodato na Italiya ya sha tuhumar kashe 'yan wasan fim ɗinsa na 1980, Cannibal Holocaust, sai da aka tabbatar suna raye.

Sa'a dai ba ta maimaita kanta ba. Fim na biyu da Peli ya ba da umarni, Area 51, an fara ɗaukarsa a 2009, bai fito ba sai 2015, kuma bai yi kasuwa ba. Ya fi cin riba a furodusancin finafinai irin su Insidious.

A gida kuma, matasan The Critics Company na Kaduna sun yi suna a 2019 da finafinan da suka ɗauka da wayar hannu. Matasan Dingaya da Gwaram, ga Dutsen Habude da Dutsen Mesa nan a Birnin Kudu, da tsofaffin zane-zanen jikinsu. Waya, tocila da abokai uku sun isa a ɗauki fim a can, amma a fara neman izinin masu kula da wurin.