Raha da Zaman Gida a Wasan Kwaikwayon Hausa

Zaman gidan Bahaushe a kan kunya aka gina shi. Mace ba ta kiran sunan mijinta, uwa ba ta ambaton ɗan farinta, suruki ba ya cin abinci gaban surukinsa. To amma al'ada ta bar wata kafa, wato wasa tsakanin kaka da jika, ko taubasai, ko kuwa Haɗejawa da Katsinawa, inda ake faɗin magana mai ɗaci ba a yi fushi ba.

Ta wannan kafa ce, a ganina, wasan kwaikwayo ya shiga cikin gida. A Jatau Na Kyallu na Shu'aibu Maƙarfi (1970), maigidan da ya wulaƙanta matansa saboda sabuwar amarya shi ne abin dariya, abin da matan nan ba su isa su yi masa ido da ido ba. Da talabijin ta zo, Ƙasimu Yero ya bi wannan hanya a Karambana daga Kaduna, ya mai da shisshigi cikin sha'anin mutane sana'a.

Japanawa ma, masu kunya irin tamu, suna da nasu. A fim ɗin Ohayo na Yasujiro Ozu (1959), yara biyu suka daina magana da kowa don ubansu ya ƙi saya musu talabijin. Hujjarsu ita ce, manya ma surutun banza suke yi, su "ina kwana" da "yau gari ya yi kyau". Ku auna wannan zargi da doguwar gaisuwarmu, wadda sai an tambayi gajiya da iyali kafin a kai ga abin da ya kawo mutum.