Daidaita Saurin Na'urar Bugun Zuciya da Aikin Jiki

1. Gabatarwa

A cikin wannan takarda muna so mu bayyana sashe guda na aikin na'urar bugun zuciya, wadda ake kira stimulateur cardiaque da Faransanci, wato yadda take ƙara sauri in jiki ya kama aiki, ta rage in ya huta. An fara dasa irin wannan na'ura cikin jikin mutum a shekarar 1958, a ƙasar Suwidin. Na'urorin farko sauri ɗaya suka sani, ko mutum na kwance ko yana gudu. Sai a shekarun 1980 masu bin motsin jiki suka bazu, musamman bayan fitowar Activitrax ta kamfanin Medtronic.

2. Wa ke da buƙata?

Zuciyar baligi mai hutawa tana tura wajen lita 5 na jini a minti. In ya shiga aiki mai wuya, buƙatar takan ninka sau uku ko huɗu, kuma galibin ƙarin daga saurin bugu yake samuwa. Umarnin saurin yana fitowa daga wani ɗan ƙulli da ke cikin ɗakin sama na dama na zuciya. Idan ƙullin ya raunana, bugu ba ya tashi yadda ya kamata, sai mutum ya riƙa haki da jiri daga ƴar tafiya.

Domin kimanta iyakar bugun mutum, likitoci sukan ɗebe shekarunsa daga 220. Mai shekara 60 iyakarsa 160 ke nan. In ya yi iya ƙoƙarinsa bai kai wajen kashi 80 cikin 100 na wannan adadi ba, wato 128, akan yi zaton akwai rauni. Irin wannan maras lafiya ne ake kunna wa tsarin da harafin R ke nunawa a ƙarshen lambar na'ura, kamar VVIR ko DDDR. Wanda ƙullinsa ke lafiya, hanyar saƙo zuwa ɗakunan ƙasa ce kawai ta toshe, yawanci ba ya buƙata, domin na'ura mai waya biyu ƙullin take bi.

3. Yadda na'ura ke gane aiki

Na'ura ba ta san gajiya ba. Alama take aunawa, ta yi ƙiyasi. Za mu ambaci ma'auni iri uku:

a) Ma'aunin motsi. Shi ya fi yawa, yana kuma amsawa nan da nan. Amma girgizar babur bisa hanya mai gargada, ko motsin hannu wajen daka, na iya sa shi ya ɗaga bugu fiye da kima. A kan keke kuwa ƙafafu ke wahala, ƙirji bai cika motsi ba, sai ya gaza. Haka nan yakan fi amsawa wajen sauka daga bene da wajen hawa.

b) Ma'aunin numfashi. Yana aika ƴar wutar da ba a ji ta cikin ƙirji, ya auna yawan numfashi da zurfinsa. Ya fi bin nauyin aiki, amma yana da jinkirin tashi. Shi ya sa wasu na'urori suke haɗa shi da na motsi.

c) Ma'aunin ƙarfin matsewar zuciya. Shi ne tsarin CLS na kamfanin Biotronik, wanda ke amsawa ko da tsoro ne ko ɓacin rai ya taso, ba motsi ba.

4. Abubuwan da ake daidaitawa

Likitan zuciya ne ke wannan aiki, da na'ura mai ƙwaƙwalwa da ke magana da ta cikin jiki ta bisa fata, ba tare da yanka ba. Abubuwa biyar yake dubawa:

1) Mafi ƙarancin bugu: galibi 60 a minti.
2) Mafi yawan bugun da ma'auni zai iya kaiwa: sau da yawa 120 ko 130. Akan rage wa mai ciwon jijiyoyin zuciya, don kada sauri ya tayar masa da ciwon ƙirji.
3) Matakin farawa: yawan motsin da za a samu kafin na'ura ta ɗauke shi aiki.
4) Ƙarfin amsa: yawan bugun da ake ƙarawa bisa kowane ƙarin motsi.
5) Lokacin hawa da na sauka: hawa yakan ɗauki daƙiƙa 15 zuwa 60, sauka kuwa ƴan mintoci, kamar yadda lafiyayyar zuciya ba ta komawa daidai nan take.

Na'ura tana ajiye lissafin bugun watannin da suka wuce. In likita ya ga kusan duka ya taru a 60, alhali mutum na zirga-zirga, ya san an yi ƙwauro. Daga nan yakan sa shi tafiya ta ƴan mintoci a farfajiyar asibiti, a hankali sannan da sauri, ya duba, ya gyara abu ɗaya, a sake gwadawa.

5. Kammalawa

Daga abin da ya gabata mun ga cewa babu saiti ɗaya da ya dace da kowa. Na manomi dabam, na ma'aikacin ofis dabam. In an yi ƙwauro, gajiya ce. In an zarce, faɗuwar gaba ce da ƙarin cin batir. Saboda haka bayanin maras lafiya yana da nauyi ƙwarai. "Ba na jin daɗi" bai isa ba. Ya faɗi aikin da yake yi sa'ad da abin ya taso, da tsawon lokacin da ya ɗauka, in da hali har da adadin bugun da ya ƙirga a wuyan hannunsa. Muna kuma tunatarwa cewa suma, ko ciwon ƙirji, ko haki a zaune, ba batun saiti ba ne da za a jira ranar komawa: a tafi asibiti a ranar.