Ƙwarƙwara Daban, Farka Daban: Matan Sarakuna Daga Landan Zuwa Gidan Rumfa

Ranar 6 ga Mayu, 2023, aka yi bikin naɗin Sarki Charles na Uku a Landan, aka ɗora wa matarsa Camilla kambin sarauta. A kwanakin bikin 'yan jarida sun tono wani tsohon zance, ya kuma iso kunnen masu sauraron rediyo a Jahun da Dutse: Camilla tattaɓa-kunnen Alice Keppel ce, matar da Sarki Edward na Bakwai ya nema tun daga 1898 har ya mutu a 1910, alhali ga Sarauniya Alexandra a gida. Idan irin wannan hira ta faɗo a majalisa, abin da ke fara zuwa bakin mutane shi ne "ƙwarƙwarar sarki". Ba ita ba ce. Alice matar wani ce, da igiyar aurenta. A Hausa sunanta farka.

Ƙwarƙwara, ko sa-ɗaka, aba ce daban. Mutumin Jahun ba ya bukatar ƙetare teku kafin ya san ta, domin shekaru aru-aru ƙasarsa tana ƙarƙashin Sarkin Kano, kafin a ƙirƙiro Jihar Jigawa a 1991. Fadar da kakanninsa suka yi wa biyayya tana da ƙwaraƙwarai, da dokarsu, da muƙamansu.

A Ingila farkar sarki takan sami gida da kuɗi, wani lokaci har da sarauta, amma shari'a ba ta san da zamanta ba. Sarki Charles na Biyu, wanda ya yi mulki daga 1660 zuwa 1685, bai samu magaji da matarsa Catherine ba. A waje kuwa ya amsa 'ya'ya aƙalla goma sha biyu daga mata irin su Barbara Villiers da Nell Gwyn, 'yar wasan kwaikwayo. Da ya mutu, ƙanensa James ya hau gado. Babban ɗan Charles na waje, wanda uban ya ba sarautar Monmouth, ya tara mayaƙa ya ce gadon ubansa ne. Aka ci shi da yaƙi, aka sare masa kai a watan Yuli na 1685. Haka ma Sarki William na Huɗu: 'ya'ya goma Dorothea Jordan ta haifa masa, amma da ya mutu a 1837 sai aka tsallake su duka, aka naɗa 'yar ƙanensa, Victoria.

A ƙasar Hausa lamarin ya bi wata hanya, domin fiƙihun Malikiyya ne ya tsara shi. Ƙwarƙwara baiwa ce da ubangijinta ya sa a ɗaka. Ba ta cikin lissafin mata huɗu, ba ta da sadaki, ba ta da rabon kwana irin na matan aure. Amma ranar da ta haifa masa, matsayinta ya sauya: ta zama ummul waladi, ba a sayar da ita, ba a kyautar da ita, kuma idan ya mutu ta zama 'yantacciya. Ɗan da ta haifa ɗan halak ne. Yana cin gado daidai da ɗan uwargida, yana kuma iya neman sarauta. Wanda ya kira shi ɗan gaba da Fatiha ya yi masa ƙazafi.

Littafin Tarihin Kano ya danganta kafuwar wannan tsari a fada da Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi sarauta daga 1463 zuwa 1499, ya gina gidan da har gobe ake kira da sunansa. Shi aka ce ya fara kulle, shi ne sarkin da ya fara tara mata dubu, kuma ya ba babanni muƙamai. Littafin bai ɓoye yadda aka tara matan ba: ya ambaci kame, wato a aika a ɗauko wa sarki 'yan mata daga gidajen bayinsa.

Me mata masu yawa haka suke yi a bayan ganuwar fada? Wata baiwar ilimi 'yar Amurka, Heidi Nast, ta yi bincike a cikin Gidan Rumfa, ta wallafa littafi a 2005 kan shekara ɗari biyar na tarihin ƙwaraƙwaran Kano. Abin da ta nuna shi ne cikin gida ma'aikata ce. Akwai Uwar Soro, shugabar ƙwaraƙwarai, mai tsawatarwa da raba aiki. Akwai Mai Kudandan, wadda hatsin fada ke hannunta. Gero da dawa da ke shigowa daga karkara su ne ƙarfin sarki, domin da su ake ciyar da dogarai da baƙi da almajirai, da su ake yi wa dawaki dusa. Duk wanda ya taɓa ganin yadda uwargida a ƙauye ke tsayawa a bakin rumbu da mudu a hannu, tana auna na yau tana lissafin na bazara, zai gane girman wannan aiki idan aka ce rumbunan na sarki ne. Ƙarƙashin waɗannan ƙwaraƙwarai akwai kuyangi masu daka da niƙa da girki, akwai kuma jakadiyoyi masu kai saƙo tsakanin cikin gida da waje, waɗanda ke shiga inda namiji baligi ba ya taka ƙafa.

Sannan kowace ƙwarƙwara ta fito ne daga wani gari. Ta san harshensa da manyansa da yawan amfanin gonarsa. Sarkin da ke da matan gabas da yamma a gidansa yana da kunne a gabas da yamma.

Ƙololuwar abin da mace ke iya kaiwa a fada shi ne ɗanta ya hau gado, ta zama Mai Babban Ɗaki, mai faɗa a ji, wadda ake kai wa ceto idan sarki ya yi fushi. Wannan kujera ba ta tambayar ko da aure aka kawo mace ko sa ta aka yi a ɗaka. Marubucin Tarihin Kano ma kusan duk sarkin da ya ambata sai ya faɗi sunan mahaifiyarsa. A cikinsu babu kamar Shekara ta gidan Sarki Ibrahim Dabo, wadda 'ya'yanta uku, Usmanu da Abdullahi Maje Karofi da Muhammadu Bello, suka riƙe Kano ɗaya bayan ɗaya daga 1846 zuwa 1893.

Sai dai duk wannan martaba a kan bauta aka gina ta, kuma mutanen gabashin ƙasar Kano sun ɗanɗana ɗacinta. A tsakiyar ƙarni na 19 Sarkin Haɗeja Buhari ya yi wa Sakkwato tawaye, mahayansa suka riƙa kai farmaki garuruwan gabas. Daga kudu kuma Ningawa sun yi shekaru suna afka wa yankunan Dutse da Birnin Kudu da Gwaram, sarakunan Kano su ma suna kai yaƙi duwatsun Ningi. Duk harin da aka kai, mata da yara su ne ganima. Yarinyar da ta fita ɗebo ruwa da safe tana iya kwana a ɗaure, ta ƙare a kasuwa, ko a gidan attajiri, ko a fada. Ba a nemi yardarta ba, ba a kai wa iyayenta goro ba. Baba ta Karo, tsohuwar da Mary Smith ta rubuta tarihin rayuwarta aka buga a 1954, ta ba da labarin yadda mahara suka kwashe matan gidansu, da wahalar da aka sha wajen fansa.

Turawa sun ci Kano a watan Fabrairu na 1903, kuma sarkin da suka yi yaƙin da sunansa shi ne Edward na Bakwai, mai neman Alice Keppel. Tun a 1901 Gwamna Lugga ya shelanta cewa duk yaron da aka haifa daga watan Afrilun shekarar ɗa ne, ba bawa ba. Amma Turawa sun yi taka-tsantsan da cikin gidajen sarakuna da attajirai, domin da su za su yi mulki. Masanin tarihi Paul Lovejoy ya bi takardun kotunan farkon zamanin Turawa, ya ga yadda maza ke biyan kuɗin fansar baiwa a gaban alƙali, daga nan ta wuce ɗakin wanda ya fanshe ta. Sai a 1936 aka soke bauta gaba ɗaya a Arewa. Ko bayan nan al'adar ta ci gaba a wasu fadoji, ana ɗauko 'yan mata daga zuriyar bayin sarki.

Yau malamai da yawa suna jan kunne cewa tunda babu bauta, babu halin mallakar ƙwarƙwara, kuma ɗiya 'yantacciya ba ta zama baiwa don talauci ko don iyayenta sun miƙa ta. Namijin da ya ajiye mace ba aure ya ce sa-ɗaka ce, zaman daduro yake yi, irin na sarakunan Ingila, ba tare da ko ɗaya daga cikin haƙƙoƙin da shari'a ta ba ummul waladi da ɗanta ba.

A birnin Kano akwai makarantar sakandaren 'yan mata mai suna Shekara, kowace safiya ɗalibai na shiga da littattafansu. Hotunan Nell Gwyn da Barbara Villiers suna rataye a gidajen tarihi na Landan. Matan da suka auna hatsin sarki, suka daka, suka goyi 'ya'yan sarki a bayansu, mafi yawansu littafin tarihi bai rubuta sunayensu ba, bai kuma faɗi ƙauyukan da aka kamo su ba.