Nur Inayat Khan: 'yar malamin ɗariƙa da harshenta ya kai ta fagen leƙen asiri

Tsofaffin ƙasar Gadarif sun san Yaƙin Duniya na Biyu, domin a watan Yulin 1940 sojojin Italiya suka kama Kassala da Gallabat, nan gabas da mu. A wannan shekarar ce kuma wata budurwa Musulma ta tsere daga Faransa zuwa Ingila yayin da rundunar Hitila ke mamaye ƙasar. Sunanta Nur-un-Nisa Inayat Khan, wato hasken mata.

An haife ta a Mosko ranar 1 ga Janairun 1914. Mahaifinta, Hazrat Inayat Khan, malamin sufanci ne daga Indiya, dangin Tipu Sultan, sarkin da ya rasu yana yaƙar Turawan Ingila a 1799. Mahaifiyarta Ba'amurkiya ce. A 1920 iyalin suka zauna a Faransa, daga baya a garin Suresnes kusa da Faris. Nan Nur ta tashi da Turanci a gida, Faransanci a makaranta da kan titi. Uban ya rasu a 1927, ita ce babba, sai ta ɗauki nauyin ƙannenta. Ta karanci halayyar yara a jami'ar Sorbonne, ta koyi kiɗa, tana rubuta tatsuniyoyin yara, har aka buga mata littafi a 1939.

A Nuwamban 1940 ta shiga sashen mata na rundunar sojan saman Ingila, aka koya mata aika saƙo ta wayar iska. Ba don ƙaunar mulkin mallaka ta shiga ba, don ba ta ɓoye cewa tana goyon bayan 'yancin Indiya ba. Zaluncin 'yan Nazi ne ta kasa zuba wa ido. A Fabrairun 1943 hukumar sirri ta SOE ta ɗauke ta, kuma dalilin a fili yake: masu iya na'ura suna da yawa, amma mai Faransancin da ɗan sandan Faris zai ji bai ɗago kai ba, sai an tona. Irin wannan harshe ba a koyonsa a wata 3 na horo. Da shi ake tashi.

Daren 16 ga Yunin 1943 wani ƙaramin jirgi ya sauke ta kusa da Angers. Ita ce mace ta farko da aka tura Faransa da aikin wayar iska. Sunanta na sirri Madeleine, takardunta kuwa na mai renon yara ne. Ko mako 2 ba ta yi ba Jamusawa suka fara kame shugabannin ƙungiyar Prosper da aka tura ta cikinta. Ta zaɓi ta zauna. Wata 3 da ɗoriya tana yawo da na'ura a akwati, yau a wannan gida gobe a wancan, motocin Jamusawa masu bin sawun sigina suna farautarta.

Cin amana ya kayar da ita. Ranar 13 ga Oktoban 1943 aka kama ta a Faris bayan wani na ciki ya sayar da ita. Ba ta ba su komai da bakinta ba, amma sun sami littattafan da ta kwafe saƙonninta a ciki. Wasu masana tarihi suna ganin wata kalma ce ta Turanci a cikin umarnin da aka ba ta ta jawo haka: kalmar tana nufin aika saƙo, tana kuma nufin adana shi, ita ko ta ɗauki ma'ana ta biyu. Da waɗannan littattafai Jamusawa suka ci gaba da aika saƙo Landan da sunanta, Landan ba ta lura ba, har aka sauke wasu jami'ai kai tsaye a hannunsu a Fabrairun 1944. Ka ji aikin kalma guda.

Bayan ta yi yunƙurin gudu, aka kai ta kurkukun Pforzheim a Jamus, ta yi kusan wata 10 ita kaɗai, yawanci a cikin mari. Ranar 13 ga Satumban 1944 aka harbe ta a sansanin Dachau tare da wasu mata 3. Shekarunta 30. A 1949 Ingila ta ba ta lambar George Cross, a 2012 kuma aka kafa mutum-mutuminta a dandalin Gordon da ke Landan.

To, me ya shafe mu a Hawata? 'Ya'yanmu mata suna tashi da Hausa a gida da Larabci a makaranta, irin tashin Nur. Amma sau da yawa yarinya takan ji kunyar Hausarta a aji, wasu iyayen ma su daina yi mata, wai don kada a ce da ita baƙuwa. Tun da yaƙi ya ɓarke a Afrilun 2023, jihar Gadarif ta cika da 'yan gudun hijira, kuma a asibiti da wurin rabon abinci da gaban hukuma, tsohuwar da Larabcinta bai nuna ba tana bukatar wadda za ta faɗi maganarta daidai, ba ragi ba ƙari. Ba leƙen asiri muke nema wa 'ya'yanmu ba, Allah ya kiyaye. Tafinta na gari muke nema, da malama, da ma'aikaciyar jinya. Mu bar su su riƙe harsunan biyu, mu kuma koya musu karanta Hausa da rubuta ta, don mai fassarar da ba ta ƙware a ɗaya ba tana iya juya ma'ana, kuma wani ne zai biya kuɗin kuskuren.