An Dakatar Da Kai Daga Aiki: Me Kotu Ke Iya Yi Kafin Hukunci?

Duk ranar da aka miƙa wa ma'aikaci takardar dakatarwa, ba ya rasa mai ba shi shawara tun a bakin ƙofar ofis. Wadda aka fi maimaitawa ita ce: "Garzaya kotu. Da zarar ka shigar da ƙara, dole su mayar da kai kan kujerarka har a gama shari'a." Wannan ba gaskiya ba ne, kuma ya sa mutane da dama sun kashe ɗan abin da ya rage musu a kan abin da ba zai samu ba.

Shigar da ƙara ba ya warware dakatarwa. Sai alƙali ya ba da umarnin wucin gadi, shi kuwa ba ya bayarwa don kawai an roƙa. A watan Fabrairun 2014 Shugaba Goodluck Jonathan ya dakatar da Sanusi Lamido Sanusi daga shugabancin Babban Bankin Najeriya. Lauyoyinsa suka nemi Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja ta mayar da shi nan take, tun ba a ji ta bakin gwamnati ba. Mai shari'a Gabriel Kolawole ya ƙi, ya ce a sanar da waɗanda ake ƙara tukuna. A watan Mayu kuma ya ce ba shi da hurumi, ya tura maganar Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. Idan gwamnan Babban Banki da manyan lauyoyinsa bai samu ba, malamin makaranta ko akawu ya kamata ya san irin tudun da ke gabansa.

Wannan shari'ar ta kuma rushe zancen cewa kowace babbar kotu za ta iya sauraron ƙarar. Tun gyara na uku da aka yi wa tsarin mulkin 1999, sashe na 254C ya keɓe rigingimun aiki ga Kotun Ma'aikata ita kaɗai.

Me ya sa alƙalai ke ɗari-ɗari? Manufar umarnin wucin gadi ita ce a riƙe al'amura yadda suke, kada abin da ake jayayya a kai ya lalace kafin hukunci. Shi ya sa kotu ba ta hana aikin da aka riga aka gama. In takardar kora ta fita, bakin alƙalami ya bushe a wannan mataki, sai dai a jira hukuncin ƙarshe. Mayar da mutum aiki tun farkon shari'a tamkar ba shi nasara ne kafin a saurari shaida. Sannan alƙali zai duba ko kuɗi za su iya rama asarar. Albashin da aka riƙe ana iya lissafa shi a biya daga baya, to a idon kotu babu gaggawa. A nan ina ganin doka ta yi wa talaka tsauri. Mai iyali da ya yi wata takwas ba albashi, aka kore shi daga gidan haya, yara suka bar makaranta, ba kuɗin da za a biya shi bayan shekaru da za su mayar masa da wannan lokacin. Amma haka ƙa'idar take, gara ya sani tun wuri.

Akwai masu cewa kotu ba ta tsoma baki sam a ladabtar da ma'aikaci. Su ma sun wuce gona da iri. Inda aka fi samun sa'a shi ne kafin a zartar da hukuncin ladabtarwar, musamman ga wanda doka ce ta tsara aikinsa, kamar ma'aikacin gwamnati ko malamin jami'ar gwamnati. Tun shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas a 1985 Kotun Ƙoli ta nuna cewa irin wannan ma'aikaci ba a sallamarsa sai an bi matakan da doka ta gindaya. In ya nuna cewa ba a ba shi damar kare kansa ba, ko wanda ke zarginsa shi ne ke shugabantar kwamitin ladabtarwa, yana da abin faɗa wa alƙali. Ko a nan ma, kotu ba ta cika hana bincike ba, domin mai aiki yana da ikon tuhumar ma'aikacinsa.

Gaskiya ne ana iya ba da umarni ba tare da an kira ɗaya ɓangaren ba. Sai dai Kotun Ƙoli, a shari'ar Kotoye da Babban Banki a 1989, ta taƙaita shi ga gaggawa ta haƙiƙa, kuma na 'yan kwanaki ne. Wanda ya same shi bai ci shari'a ba. Yawanci ma sai ya ɗauki alkawarin biyan diyya in daga baya ta bayyana bai cancanci umarnin ba. Wannan sharaɗi masu ba da shawarar bakin ƙofa ba su faɗarsa.

Wani tsoron da ba shi da tushe shi ne cewa dakatarwa daidai take da kora. A shari'ar Bernard Longe da First Bank a 2010, Kotun Ƙoli ta ce wanda aka dakatar yana nan a matsayinsa, har ta soke tsige Longe saboda ba a gayyace shi taron da aka yanke shawarar ba. Don haka wanda aka dakatar ya ci gaba da amsa takardun tuhuma a rubuce, ya halarci zaman kwamiti, ya adana kwafin komai, domin da su lauya zai nuna inda aka karya ƙa'ida.

Kada kuma ya zauna jiran "a sasanta a cikin gida" har watanni su shige. Jinkiri yana karya hujjar gaggawa. Lauyoyin gwamnati kuma sukan jawo dokar kare jami'an gwamnati mai wa'adin wata uku. Hukunce-hukuncen kotuna sun saɓa kan ko ta shafi rigimar aiki, amma wanda ya shigar da ƙararsa cikin wata ukun ya toshe wannan kafar tun ba a buɗe ta ba.